Gidan Miliyan 10, Biyan Miliyan 21: Lissafin Bashin Gida Daga Kabo Zuwa Gwarzo

Duk wanda ya saba bin hanyar Kano zuwa Gwarzo ya san su. Da an wuce sabon matsugunin Jami'ar Bayero da barikin Janguza, a bi ta Rimin Gado da Garo, ko a ratse zuwa Kabo, kangaye ne dama da hagu. Wani an kai linta an tsaya. Wani an rufa ɗaki biyu an bar sauran a buɗe, ciyawa ta fito a inda za a yi falo, an toshe tagogi da bulo don kada awaki su mayar da wurin makwanci. Ba yasassun gidaje ba ne. Masu su suna nan, malaman makaranta da ma'aikatan asibiti da 'yan tireda da manoma, kowa yana jiran kaka ko kwasar adashi ko kuɗin sallama ya ƙara layi biyar. Haka ake gina gida a wannan yanki, kuma kusan haka ake yi a duk Najeriya, inda bashin gida na banki bai kai kashi 1 cikin 100 na tattalin arzikin ƙasa ba.

Sai dai a 'yan shekarun nan maganar a ba ka gida ka riƙa biya a hankali ta matso kusa. A watan Agustan 2023 Shugaba Bola Tinubu ya naɗa ɗan garin Gwarzo, tsohon mataimakin gwamnan Kano Abdullahi Tijjani Gwarzo, ƙaramin ministan gidaje, ya riƙe kujerar har Oktoban 2024. Wanda aka naɗa babban minista a ma'aikatar, Ahmed Musa Dangiwa daga Katsina, shi ya shugabanci bankin bashin gidaje na tarayya, FMBN, daga 2017 zuwa 2022. A 2024 aka aza harsashin rukunin gidajen gwamnatin tarayya a ƙaramar hukumar Tofa, wajen Janguza da Lambu, tafiyar da ba ta da nisa daga Kabo. Ma'aikaci da ya gaji da haya, ko ya gaji da zaman ɗaki ɗaya a gidan gado da 'ya'ya shida, dole ya kasa kunne. Kuma tambayar da ake yi a majalisa kusan guda ce: nawa za a riƙa cira a wata? Ba kasafai ake jin mai tambayar nawa zai biya gaba ɗaya kafin gidan ya zama nasa ba, alhali nan gizo ke saƙar.

A fara da bashi mafi sauƙi da ake da shi a ƙasar, don kada a ce an zaɓi mummunan misali. Dokar Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, ta 1992 ta tanadi ma'aikaci ya riƙa zuba kashi 2.5 cikin 100 na albashinsa duk wata. Wanda ya yi wata 6 yana zubawa yana iya neman bashi ta hannun ɗaya daga bankunan bashin gida masu lasisi. FMBN yana ba su kuɗin a kan kashi 4, su kuma su ba mai nema a kan kashi 6 cikin 100 a shekara, ya biya cikin shekarun da za su iya kaiwa 30. An daɗe iyakar bashin tana naira miliyan 15, daga baya aka ɗaga ta zuwa miliyan 50. Mai sana'ar kansa ma yana iya yin rajista ya riƙa zubi. Ma'aikacin jiha ko na ƙaramar hukuma kuwa, ya fara duba takardar albashinsa ya ga ko ana cire masa wannan kason, domin ba kowace gwamnati ce take zuba wa ma'aikatanta a kowane lokaci ba.

To, a ce mutum ya karɓi naira miliyan 10 a kan kashi 6, shekara 30. Abin da za a riƙa cira duk wata naira 59,955 ne. A ninka wannan sau 360, adadin watannin shekara 30, za a samu miliyan 21 da dubu 583 da 'yan kai. Kuɗin ruwa kaɗai ya haura miliyan 11 da rabi, ya fi uwar kuɗin yawa. Mutane da dama idan suka ji "kashi 6" sai su lissafa dubu 600 a kan miliyan 10 su tsaya nan, sun manta shekara-shekara ake ɗora shi, a kan abin da ya rage ba a biya ba.

Yadda ake raba wannan 59,955 ɗin shi ne abin da ya fi ba mutane mamaki ranar da suka je banki neman sanin ragowar bashinsu. A watan farko ana bin mutum miliyan 10 cur, don haka ruwan wannan watan naira 50,000 ne daidai. Abin da ya taɓa uwar kuɗi 9,955 kacal. A wata na biyu ruwan ya ragu da kusan naira 50, ka ji raguwa. Haka za a yi ta tafiya, mafi yawan abin da ake cira yana tafiya a ruwa, har sai an shiga shekara ta 19 kafin kason uwar kuɗi ya rinjayi na ruwa. Wanda ya yi shekara 10 bai taɓa fashin wata ɗaya ba ya zuba kusan miliyan 7 da dubu 200, amma idan ya nemi a faɗa masa saura nawa, za a ce masa miliyan 8 da dubu 370 ko kusa da haka. A nan ne za ka ji mutum ya ɗaga murya a gaban kanta yana cewa, "Yallaɓai, shekara goma fa ina biya, ina kuɗina suka tafi?" Ba a cuce shi ba. Abin da ya sa wa hannu ke nan, kuma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Laifin da za a iya ɗora wa bankin shi ne idan bai zaunar da shi ya nuna masa jadawalin tun ranar farko ba.

Wannan lissafin yana da fuskar da ke taimakon mai bashi. Tunda ruwa a kan ragowa ake ɗora shi, tsawon lokaci ne ke kumbura shi. Miliyan 10 ɗin nan idan za a biya cikin shekara 20, cirar wata ta koma 71,643, jimla kuma ta sauko miliyan 17 da dubu 190. Idan shekara 15 ce, 84,386 a wata, jimla miliyan 15 da dubu 190. Ƙarin dubu 24 da 'yan kai a wata ya tsirar da fiye da miliyan 6. Haka nan duk abin da mutum ya samu na kaka, ko ya sayar da bijimi ya zuba a kan uwar kuɗi a shekarun farko, yana kashe ruwan da zai hau kansa har ƙarshen wa'adi. Amma a tambaya tukuna ko yarjejeniyar ta yarda da biya kafin lokaci ba tare da tara ba, kuma a tabbatar an rubuta cewa a kan uwar kuɗi za a sa ƙarin.

Sai maganar wane ne ma zai samu. Ƙa'idar ita ce cirar wata kada ta wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da mutum ke samu. Kenan mai son miliyan 10 sai albashinsa ya kai kusan naira 180,000. Mafi ƙarancin albashin da Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sanar a Oktoban 2024 naira 71,000 ne. Sulusinsa 23,667, kuma iyakar abin da wannan zai ɗauka a shekara 30 bai cika miliyan 4 ba. Shekara 30 ɗin ma ba kowa ke da ita ba. Yawancin ma'aikata suna ajiye aiki a shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki, banki kuma da shekarun da suka rage yake lissafi. Mutum mai shekara 45, wanda a al'ada shi ne ya fi matsuwa da gida don yara sun girma, saura masa 15. A kan wancan albashin, abin da zai samu miliyan 2 da dubu 800 ne. Duk wanda ya sayi siminti da rodi da kwano a 'yan shekarun nan ya san inda wannan kuɗi zai tsaya.

Wanda asusun tarayya bai ɗauke shi ba, idan ya nufi bankin kasuwanci, labarin ya sake. Daga farkon 2022 zuwa Nuwamban 2024 Babban Bankin Najeriya ya ɗaga ma'aunin kuɗin ruwansa daga kashi 11.5 zuwa 27.5, bankuna kuma suka bi. A ɗauki kashi 25 a matsayin misali, shekara 15. Miliyan 10 za ta ci kusan naira 213,500 duk wata, jimla ta haura miliyan 38. Mafi muni, irin wannan bashin sau da yawa ruwansa ba a tsaye yake ba, akwai sakin layi a yarjejeniyar da ya ba banki damar sauya shi idan kasuwa ta sauya. Bashi mai ruwa mai hawa da sauka na cikin abin da ya raba miliyoyin mutane da gidajensu a Amurka a rikicin 2008, a ƙasar da ruwan bai kai rabin namu ba.

Akwai wani tarkon da ya fi kusa da mutumin Getso ko Kutama ko Durun fiye da duk waɗannan, shi ne ɗan bashin rufi. Gini ya kai linta, damina ta matso, sai mutum ya karɓi miliyan 1 a wurin masu ba ma'aikata bashi a kan albashi, a ce masa kashi 3 ne kawai a wata, shekara guda. Sai a lissafa dubu 30 sau 12, dubu 360, a haɗa da uwar kuɗi a raba, ya riƙa biyan 113,333. Abin lura shi ne a wata na 11, lokacin da ragowar uwar kuɗin ba ta kai dubu 200 ba, har yanzu ruwan miliyan ɗaya cikakkiya ake karɓa. Idan aka auna da ma'aunin ragowa, wannan ruwan ya kai kashi 5 a wata, wato kusan 60 a shekara. Don haka kafin a ji adadin kason, a fara tambaya: a kan me ake ɗora shi, a kan abin da aka karɓa ko a kan abin da ya rage?

Duk wannan lissafin ruwa ne. Akwai kuɗin da ake kashewa kafin a ga ko sisi, kuma a Gwarzo da Kabo nan ne mafi yawan masu nema ke tsayawa. Banki ba ya karɓar jinginar fili sai da takardar shaidar mallaka ta gwamnati, C of O. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna, ta ba ƙananan hukumomi ikon ba da shaidar mallaka ta gargajiya a karkara, ta kuma ce ba a jinginar da fili mai takardar jiha sai da amincewar gwamna. To, a duba abin da ke cikin adakar yawancin magidanta a yankin: takarda ce guda, wani lokaci ma an yago ta daga littafin makaranta, an rubuta wane ya sayar wa wane fili, gabas ya yi iyaka da gonar wane, yamma da burtali, ga sa hannun shaidu da hatimin mai unguwa ko dagaci. A gari wannan takarda tana da ƙarfi, ba mai ja da ita. A banki ba ta buɗe ƙofa. Gidan gado da ba a raba ba ya fi wannan wuya, domin babu mutum ɗaya da zai ce nasa ne shi kaɗai.

Mayar da waccan takarda ta zama wadda banki zai karɓa tafiya ce mai cin kuɗi: safiyo ya auna, a buɗe fayil a Kano, a bi ta ma'aikatar ƙasa da hukumar bayanan filaye ta KANGIS, a biya kuɗin ƙasa, a samu amincewar zanen gini. Bayan nan ga mai ƙiyasta darajar gida, ga lauya, ga harajin hatimi da rajistar jinginar, ga kuɗin hidimar banki, ga inshorar gobara da ta rai da za a riƙa sabuntawa. Idan bashin ya wuce miliyan 5 a tsarin NHF, akan nemi mutum ya ajiye kafin alƙalami daga aljihunsa. Ban da kuɗin mota, kilomita kusan 70 daga Gwarzo zuwa birni, zuwa bayan zuwa, a ce maka oga ba ya nan ka dawo mako mai zuwa. Babu ɗaya daga waɗannan da ke cikin "kashi 6".

Zalunci ne a tsaya nan, domin akwai wata fuskar da masu tsoron bashi ba sa son ji. Naira miliyan 21 da za a biya a hankali cikin shekara 30 ba daidai take da miliyan 21 ta yau ba. A 2011 mafi ƙarancin albashi na ƙasa naira 18,000 ne. Wanda ya karɓi miliyan 1 a lokacin a kan kashi 6, shekara 30, cirarsa 5,996, kusan sulusin wannan albashin. Albashin ya koma 30,000 a 2019, ya koma 70,000 a 2024, cirar tana nan inda take. Yau 5,996 ba ta sayen buhun siminti ɗaya. Hukumar ƙididdiga ta ce a Disambar 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8. A irin wannan yanayi, mai bashin da ruwansa ya tsaya a kashi 6 yana mayar da kuɗin da ya fi wanda ya karɓa rauni. Mai kango kuwa, da ya ce shi ba ruwansa da bashi, yana biyan nasa a shagon kayan gini. A Fabrairun 2024 siminti ya haura naira 10,000 a wurare da dama, har sai da ministoci suka zauna da kamfanonin Dangote da BUA da Lafarge aka yi maganar 7,000 zuwa 8,000, farashin da bai daɗe ba. Kowace shekara da ginin ya yi a tsaye, ragowar aikin yana ƙara tsada, ga haya ana biya a gefe.

Wa ke ɗaukar nauyin wannan arahar ta kashi 6? Masu zubi. Wanda aka yi ta cire wa kashi 2.5 bai taɓa samun bashin ba, idan ya yi ritaya ana mayar masa da kuɗinsa da ƙarin kashi 2 cikin 100 a shekara, bayan hauhawar farashi ta gama da su. A ganina nan ne tsarin ya karkace: ƙaramin ma'aikacin da albashinsa da takardar filinsa ba za su kai shi ga bashin ba, shi ke tallafa wa babban ma'aikacin birni da ke da duka biyun.

Ga mafi yawan mutanen Gwarzo da Kabo, duk wannan lissafin yana zuwa ne bayan wata tambayar: halal ne? Ayoyin ƙarshen Suratul Baƙara sun haramta riba, sun yi umarni a rubuta bashi, sun kuma halatta jingina. Mutum zai iya gamsuwa cewa kashi 6 araha ce ya kuma ce ba zai taɓa ba, kuma ba wanda zai ga baikensa. Tun da bankin Jaiz ya buɗe a 2012, da rassa a Abuja da Kaduna da Kano, sannan TAJ a 2019 da Lotus a 2021, an samu wata hanyar. A murabaha banki ya sayi gidan ya sayar maka da riba sananniya, ka biya kashi-kashi. A ijara ka zauna a matsayin ɗan haya har mallaka ta dawo hannunka. A musharaka ku haɗa kuɗi ku saya, ka riƙa sayen kason bankin kana biyan hayar abin da ya rage nasa. Malamai sun yi bayanin bambancin waɗannan da riba, ba fagena ba ne. Abin da zan ce na aljihu ne: rashin ruwa ba ya nufin rashin tsada. Ribar murabaha ta shekara 10 ta fi ta shekara 5, kuma hayar ijara ana iya sake duba ta. Alherin murabaha shi ne jimlar tana rubuce tun ranar farko, ba ta motsi. A nemi a ga wannan adadin, a tambaya kuma ko akwai rangwame ga wanda ya gama biya da wuri.

Kada kuma mu yi kamar jingina baƙuwa ce a ƙauyukanmu. Magidanci ya ba da gonarsa ya karɓi kuɗin rufin ɗaki, mai kuɗi ya yi ta nomawa yana kwashe amfani har ranar da aka mayar masa da kuɗinsa cif. Ba a ambaci ruwa ba, ba a rubuta kaso ba. Amma a ƙirga buhunan masara da dawa da gyaɗa da gonar ta bayar a damina biyar ko shida, a auna da abin da aka karɓa, sau da yawa za a tarar ta fi banki tsada. Malamai da yawa sun daɗe suna cewa amfanin da mai ba da rance ke ci daga abin jingina shi ma riba ne.

Sauran abu biyu da ba a son ambata a ranar murnar karɓar mukulli. Na farko, fashin biya. Idan albashi ya makara ko aiki ya tafi, ana ɗora tara, kuma ƙarshen hanya shi ne banki ya yi gwanjon gidan ya cire nasa. Na biyu, mutuwa. A shari'a sai an biya bashi kafin a raba gado, shekara 30 kuma doguwa ce. Inshorar rai ko takaful da ake haɗawa da bashin ita ce za ta biya ragowar idan mai gida ya riga mu gidan gaskiya, muddin ba a bari ta mutu ba. Uwargida da babban ɗa su san akwai ta, su san inda takardar take.

Don haka, malam, kafin ka sa hannu ka nemi a buga maka jadawalin biya wata-wata daga na farko har na ƙarshe, ka tafi da shi gida. Ka haɗa jimlar da kuɗin takardu da inshora da kafin alƙalami, ka tambaya ko ruwan ko hayar a tsaye suke, ka zaɓi mafi gajeren wa'adin da albashinka zai ɗauka ba tare da tukunya ta kwana a kife ba. Su kuma shugabannin ƙananan hukumomin Gwarzo da Kabo, da ɗan majalisar tarayya mai wakiltar mazaɓar, da Sanata Barau Jibrin wanda Kabo ce mahaifarsa, idan ana son mutanen yankin su ci moriyar asusun gidaje, a kawo ofishin awo da rajistar filaye kusa da su, a yanke kuɗin a manna shi a bango kowa ya gani, a kuma sa wa'adin da takarda za ta fito.